Bas Ɗin Surukai

Laifin duk na Afirka ta Kudu ne. Da wurin aikinmu bai tura ni bitar kwana huɗu a birnin Kef Tawun ba, da yanzu ina nan da mutuncina a idon dangin matata.

Ranar ƙarshe ta bitar aka zuba mu, mu goma sha biyu, cikin wata 'yar farar bas mai sanyi kamar ruwan randa, aka ce za a zagaya da mu bakin teku. Jagoranmu wani siririn saurayi ne mai makirufo a gefen baki. Ya bi da mu hanyar Chapman's Peak, wadda aka sassaƙa a ƙirjin dutse, teku na can ƙasa yana tumfaye. Ya ce tsawonta kilomita 9 ne kacal amma kwana 114 gare ta, kuma tun 1922 aka buɗe ta. Ya kai mu gaɓar Boulders, inda wasu tsuntsaye da ba sa tashi ke kai da kawowa a kan yashi, baƙar riga da farin ƙirji, kamar lauyoyin da alƙali ya ɗage musu shari'a. Amma ni ba tekun ne ya tsaya mini a rai ba. Abin da idona ya kama shi ne, da muka dawo, kowa ya buɗe lalita ya miƙa wa yaron nan kuɗi, har da na goro, alhali ko tsinke bai sayar mana ba. Surutu kawai ya yi. Ni kuwa tun ina firamare ake zane ni a kan surutu, ashe jarina ake duka.

Kafin jirgi ya sauka Abuja na gama lissafi. Teku dai ba mu da shi a Kaduna, amma muna da kogi, kuma daga gidana a Unguwar Rimi ko da ƙafa za ka isa bakinsa. Idan damina ta yi albarka ma shi yake tasowa ya gaishe mu har tsakar gida. Na shimfiɗa wa uwargida shirin. Ta saurara har na kai aya, sannan ta ce, "To, Allah ya sa a dace. Gas ya ƙare."

Dama ta samu cikin watan Maris, da danginta suka zo daga Maradi bikin wani ɗan'uwansu. Mutum goma sha ɗaya: Baba, wato mahaifinta, da Inna, da gwaggwanni biyu, da Kawu, sai 'yan mata da samari. Na ce ga baƙi daga ƙasar waje Allah ya kawo har gida. Su ma ba su da teku, kuma Gulbin Maradi ruwan damina ne, da rani sai yashi. Idan na nuna musu kogin da ba ya ƙafewa, ai sai su riƙa ba da labari har jikoki.

Dare uku na yi ina hadda. Cewa a 1917 Turawa suka ɗauke hedikwatar Arewa daga Zungeru suka kawo ta nan. Cewa kogin ya taso daga tsaunukan Jos, ya yi tafiyar kilomita wajen 550 kafin ya zuba a Kwara, kuma a kansa aka gina madatsar Shiroro. Ina banɗaki ina maimaitawa, ina alwala ina maimaitawa. Sannan na je tasha na ɗauki shatar wata bas da ke jigila tsakanin Kawo da Kasuwa. Na ce wa direban shata ce, baƙi ne na musamman, ba a tsayawa ko'ina sai inda na ce. Ya ce, "An gama, Alhaji." Abin da ban yi ba shi ne maimaita wannan magana ga kwandastansa.

Saura makirufo. Maƙwabcina mai sayar da maganin gargajiya yana da lasifikar hannu, irin wadda ake ratayawa a baro. Ya ba ni aro, ya nuna mini maɓallin magana, ya ce kada in taɓa jan. Na ce to, hankalina yana kan 1917.

Matsalar farko ta bayyana tun a ƙofar gida, kuma ita ce wadda saurayin Kef Tawun bai taɓa haɗuwa da ita ba: a cikin fasinjojinsa babu surukinsa. Jagora dole ya fuskanci jama'a, ya ɗaga murya, ya yi nuni da hannu. Ni kuwa shekara tara da aure ban taɓa wuce "Ranka ya daɗe, mun same ku lafiya?" a gaban Baba ba, shi ma a tsugune, ido a ƙasa. Wurin da ya rage in zauna in fuskanci mutane shi ne kan inji, bayan direba. Aka kuma ba Baba kujerar farko don girmamawa. Sai ga mu gwiwa da gwiwa, ni da mutumin da ko ruwa ban taɓa sha a gabansa ba.

Na sunkuyar da kai, na kafa ido a kan takalminsa, na ɗaga lasifika.

"Jama'a, barkanku da zuwa Kaduna, garin gwamna."

Muryata ta daki rufin mota ta dawo. Inna ta dafe ƙirji. Baba ya ce, "Malam, muna kusa hwa."

Wanda yake kallon takalmi ba ya ganin taga. Na san muna kan titin Rabah, don haka na ƙiyasta a raina cewa mun iso, na fara: "A hannunku na dama ga Gidan Arewa, gidan Firimiya Sir Ahmadu Bello, Sardaunan Sakkwato. A nan sojoji suka kashe shi ranar 15 ga Janairu 1966, kuma tun 1970 aka mai da wurin cibiyar adana tarihi." Motar ta yi tsit. Na ji daɗi, na ce maganar ta shiga. Sai wata ƙanwar matata ta ce a hankali, "Yaya, wannan ai shagon faci ne." Mun wuce gidan tun ina gyara murya. Kawu, wanda ya riga ya ɗaga hannu yana yi wa Sardauna addu'a, ya shafa fatiharsa a kan mai facin, wanda shi ma ya ɗago ya amsa da amin.

Ina cikin neman yadda zan ce wa direba ya juya sai na ji ƙofa ta zuge, wata murya kamar ta mai kiran sallar da ya makara ta tsaga titi: "Kasuwa! Kasuwa! Mutum uku!"

Kwandasta ya ƙirga kujeru ya ga uku ba kowa. A duniyarsa kujera ba kowa haram ce. Kafin in buɗe baki an cusa mana wata mata da buhun gawayi, da wani ɗan makaranta, da wani dattijo mai jarida a hammata. Na ce, "Kai, shata ce!" Ya ce, "Oga, ai ba su hana ka wa'azinka ba." Na juya wajen direba, ya ce mai ya yi tsada, a yi haƙuri. Zan ɗaga murya na tuna wanda ke gabana. Ba a faɗa a gaban suruki. Na haɗiye. Baba kuwa har da matsawa ya gyara wa buhun gawayi wuri.

A shataletalen Lugard Hall na ɗan farfaɗo, domin wannan karon na saci kallo na ga kubbar ginin da idona. Na gaya musu nan ne majalisar Jihar Arewa ta zauna a da, yanzu kuma majalisar dokokin Jihar Kaduna. Da muka nufi Dandalin Murtala na kawo labarin hawan daba da aka yi wa Sarauniyar Ingila a 1956, da wanda aka yi lokacin bikin FESTAC a 1977. Gwaggwanni suka ce "Ikon Allah!" Ƙarfin gwiwa ya zo mini, na zarce da abin da kowane ɗan Kaduna ya sani, cewa sunan garin daga kada ya samo asali, saboda yawansu a kogin.

Dattijo mai jarida ya yi gyaran murya. Ya ce shi ɗan ƙabilar Gbagyi ne, kakanninsa suna noma a bakin ruwan nan tun kafin Gwamna Lugga ya san hanyar Zungeru, kuma a wurinsu sunan daga kalmarsu ta kogi ya fito. Ɗan makaranta ya ce a littafinsu kada aka rubuta. Mai gawayi ta ce ita dai an haife ta a Kabala, ta aurar da 'ya'ya, ba ta taɓa ganin kada ba sai a jikin tambarin gwamnati. Kawu ya shiga maganar da zafinsa, duk da jiya-jiya ya fara taka garin. Direba ya saki sitiyari da hannu ɗaya yana kawo hujja. Ni da na biya kuɗin mota na zama ɗan kallo, ga injin da nake kai ya fara gasa ni kamar tsire. Na rantse da an yayyafa mini ƙuli-ƙuli da an samu na kalaci.

Na ce bari in ƙwato ragamar yawona. Na muskuta don zafi, na damƙi lasifika da ƙarfi, babban yatsana ya sauka a kan jan maɓalli.

Muryar maƙwabcina ta fashe cikin motar, tas, ba gargada: "A zo a saya! Maganin basir mai tsiro da mai jini! Maganin shawara! Maganin sanyin mara! Maigida, idan uwargida ta fara raina ka da dare..."

Na danna, ta ƙara ƙarfi. Na sake dannawa, ta koma farko. Inna ta ja mayafi ta rufe fuska gaba ɗaya. 'Yan matan baya suka dunƙule wuri guda, kafaɗunsu na rawa. Uwargida ta juya tana kallon taga kamar ba ta taɓa ganina ba. Na cusa lasifikar cikin babbar rigata, sai ya zama kamar cikina ne ke tallar. Wani mai babur da ke gefenmu ya leƙo ya tambaya nawa ne kwalba. Daga ƙarshe kwandasta ya fizge ta, ya buga ta a jikin ƙofa sau ɗaya, batura suka watse a ƙasa, aka samu lafiya.

Baba bai ce komai ba. Carbinsa kawai ya ƙara sauri.

Ban sake magana ba har muka isa Ƙofar Gamji, wurin shaƙatawar da aka sa wa sunan Janar Hassan Usman Katsina. Baƙin fasinjojinmu, da ya kamata su sauka tun tuni, suka ce tunda an zo nan su ma za su gani. Mai gawayi ta bar buhunta amana. Nan ne fa babban abin nunina: gadar ƙafa ta Lugga, wadda aka kafa a Zungeru a 1904, aka kwance ta aka kawo Kaduna a 1954. Na faɗi wannan da bakina, a hankali, ina kallon ƙasa. Gwaggo babba ta dube ta sama da ƙasa, 'yar gada ce ta ƙarfe da taku kaɗan zai ƙetare, ta ce, "To su mutanen Zungeru da mi aka bar su suna ƙetarawa?" Dare uku na hadda, babu wannan a ciki.

Sai kogi. Ni da na yi musu alkawarin ruwa iya ganin ido na manta watan Maris ne. Kogin ya janye ya bar duwatsu baƙaƙe a waje suna shan rana, ruwan na bi tsakaninsu a siraɗe. Can ga masu ɗibar yashi da kwalekwale, nan ga masu wanki sun shanya zannuwa a kan dutse. Baba ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Wanga shi na tekun?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, da damina ya fi haka."

Ya ce, "Namu ma."

Samarin suka matsa sai an nuna musu kada. Na hango wani baƙin abu mai ƙuraje a gefen dutse, rabinsa cikin ruwa. Shaiɗan ya ce mini ga damar wanke kanka. Na nuna, na rage murya, na ce kowa ya yi shiru, haka suke kwanciya kamar matattu. Aka fito da wayoyi. Kawu ya ja Inna baya. Muna tsaye muna numfashi da ƙyar sai wani yaro ya fito daga cikin masu wanki, ya taka ruwa, ya kama kadan nawa ya miƙar da shi tsaye, ya gangaro da shi yana kaɗawa da kara. Tayar babbar mota ce.

Dattijon Gbagyi ya dafa kafaɗata ya ce, "Ka ga abin da nake gaya maka."

A hanyar komawa na bar wa ɗan makaranta kan inji na koma can baya kusa da gawayi. Ban san kwandasta ya bi layi yana kaɗa yatsu ba sai da na ji ya ce, "Baba, kuɗin mota." Na yunƙura zan yi ihu, buhu ya tare ni. Baba ya laluba aljihu ya zaro jikka guda ta sefa ya miƙa masa. Yaron ya ɗaga takardar a rana, ya yi lissafin canji a ransa, nan take ya tsuguna a bakin ƙofa ya ce, "Allah ya ƙara girma, Alhaji!" Cikinmu duka, shi kaɗai ya ci ribar baƙin ƙasar waje. Ni kuwa na biya shata, na biya kuɗin shiga, na kuma sayi sabuwar lasifika.

Kwana biyu ina fita tun asuba, ba na dawowa sai na tabbatar baƙi sun kwanta. Daren da za su koma Maradi uwargida ta shigo ɗaki ta tura ƙofa, ta zauna a bakin gado tana murza gefen zaninta. Na ce shi ke nan, an aiko a karɓi 'yarsu.

Ta ce, "Baba ne ya ce in yi maka magana."

Na ce, "Ina ji."

"Wai mutumin nan na cikin lasifika, idan ka san inda yake, a karɓo masa kwalba biyu na farkon da ya ambata." Ta miƙe, ta kai bakin ƙofa, ta tsaya ba ta juyo ba. "Kawu kuma ya ce shi na ƙarshen. Amma kada Baba ya ji."