Agogon da na ƙera wa Bazazzagin Kakuri

Bawana Bazazzagi, gaisuwa irin ta ubangida ga yaronsa. Albishirinka! Kada ka ce goro, don tun da na san ka ban taɓa ganin ka sayi ko ɓari ɗaya da kuɗinka ba. Agogo na ƙera maka, irin wanda babu shi a Kantin Kwari, balle a kasuwarku.

Ɗaurin auren nan na Barnawa ne ya jawo. Ƙarfe 11 aka sa. Saura kwata na kira ka, ka ce, "Ga ni nan, ina kan gada." Ni kuwa ina jin ƙarar bokiti a bayanka, uwargida na tambaya ko a ƙara maka ruwan zafi. Na tsaya ina lissafi: wace gada ce tsakanin Kakuri da Barnawa, alhali duk a tsallake ɗaya na kogin Kaduna suke? Sai da aka shafa fatiha, aka raba goro da dabino, yara suka naɗe tabarmi, sannan ga ka nan kana baza babbar riga, kana tambaya ko waliyyin amarya ya iso.

Na kai ƙararka wurin wani dattijo mai gyaran agogo. Ya cire madubin nan da suke maƙalawa a ido, ya ce, "Alhaji, Seikon abokinka lafiyarsa lau. Mutumin ne ba ya ƙasarmu. Da lokacin Jangare yake aiki." Jangare dai ka san shi, birnin da 'yan bori ke cewa can iskoki suke zaune. A can lokaci danƙo ne, a ja shi ya miƙe, a sake shi ya koma. Na ce to, wanda ke zaune a can sai agogon can.

Ga yadda yake. Fuskarsa murfin kwanon samira ce, kuma ban rubuta lamba ko ɗaya a kai ba, don lamba ba ta taɓa yi maka amfani ba. Maganganunka na jera a madadinsu. A sama akwai "ga ni nan", wato awa biyu. A dama "ina kan gada", wato ba ka shiga wanka ba. A ƙasa "bayan la'asar", wanda ke iya kaiwa lisha. A hagu kuma "in Allah ya kai mu", wannan kam ko ni da na ƙera agogon ban ga ƙarshensa ba. Hannayensa uku ne. Dogon yana gudu kamar ɗan acaɓa idan an ce maka an sauke tuwo. Matsakaicin yana rarrafe idan aiki ne. Guntun kuwa baya yake komawa da zarar an ambaci bashi. Ba ya cin batir, shayi yake sha, kofi ɗaya da safe, kuma a asusun wani.

Abin da ke lilo a ƙasansa tsohuwar ƙoshiya ce ta masaƙa, kuma da gangan na sa ta. Domin tsakani da Allah, ba haka kake da can ba. Na san ka lokacin da jiniya ce agogon Kakuri. Tun da aka buɗe masaƙar KTL a 1957, zamanin Sardauna, daga baya irin su UNTL da Arewa Textiles suka biyo, unguwar nan ba ta buƙatar kallon inuwa. Jiniya ta busa, masu aikin dare su fito idanu jawur da auduga a gashin kai, masu aikin safe su shiga, kekuna Raleigh su cika titi daga Makera har Nasarawa. Mai ƙosai ta san lokacin da za ta ɗora kasko, mai shayi ya san lokacin hura wuta. Ga kamfanin Peugeot da ya fara haɗa motoci a 1975, ga jirgin ƙasa na kuka a tashar Kaduna Junction. A zamanin nan in ka makara minti biyar, a bakin ƙofa za ka tsaya kana ba mai gadi haƙuri. Da gudu kake fita, rabin biredi a baki.

Sai KTL ta tsaya a 2002, sauran suka bi ta ɗaya bayan ɗaya. Jiniya ta yi shiru, ciyawa ta ci harabar masaƙu, kai kuma agogon cikin kanka ya kwance. Wanda ba a jiransa a bakin ƙofa, hantsi da walaha duk ɗaya ne a wurinsa. Wannan uzurin na karɓa, har na tausaya. Abin da ban gane ba shi ne, matar da ke soya ƙosai a layinku har gobe kafin assalatu take tashi, ba tare da an busa mata komai ba. Tsoffin abokan aikinka da suka koma tuƙa keke Napep zuwa Sabon Tasha ma haka. Kai kaɗai ne ka ɗauki rasuwar jiniya ka mai da ita takaba ta shekara ashirin da ɗoriya.

Saura maganar kuɗi, don ka san Bakano ba ya ƙira a banza. Farashin agogon na haɗa shi da kuɗin sharar da nake bin ka tun cika-cikin bara waccan. Na san guntun hannun ya riga ya fara ja da baya tun daga wannan layin, amma ba komai, bawa da dukiyarsa duk na ubangida ne.

Ka jira ni ranar Litinin a bakin Kasuwar Monday, ƙarfe 10 na safe daidai, zan kawo maka shi da hannuna. Kada ka kuskura ka zauna, ka tsaya a rana inda zan hango ka. In ka ga shiru ka kira ni, zan gaya maka inda nake. Ni kam daga Kano zan taso, gadojin da ke gabana suna da yawa.