An Ba da Belin Beli

Mu dai a unguwar nan, in aka yi haihuwa, kafin a je kasuwa taya ragon suna an riga an aika wa wanzami. Haka muka taso muka tarar. To makon jiya sai ga sabon salo. Yaron gidan da ke kallon masallaci, wanda matarsa ta yi haihuwar fari, ya ce a yi wa jaririnsa aski, amma kada ƙarfe ya shiga bakinsa. Ba za a cire beli ba. Kakar jariri ta yi fushi har ta ƙi tuwon dare. Kun kuwa san halinmu, magana ba ta kwana a gidan da aka yi ta. Washegari da la'asar tana kan bencin mai shayi, gindin darbejiya.

Baba Wanzam ne ya buɗe fage, tunda shi aka taɓa. Ya jingine zabirarsa a ƙafar benci, ya ce, "Ni ba kuɗin ne ya dame ni ba. Gadon gidanmu ne. Duk wanda ke zaune a nan, ko ni ko mahaifina, wani ya leƙa bakinsa yana ɗan kwana bakwai. Ga ku nan garau. Wa ya mutu?"

Mahaucin unguwa, wanda ba ya barin ta kwana, ya kurɓi shayi ya ce, "Sarkin Aska, ai waɗanda suka mutu ba sa zuwa shan shayi."

Aka yi dariya, har da shi Baban. Daga nan fa sai aka shiga duba bakin juna. Wani ya kunna fitilar waya, dattawa masu furfura suka riƙa hangame baki suna cewa "aaa" kamar 'yan aji ɗaya. Abin da ake nema shi ne ɗan tsokan nan da ke reto a can ƙuryar baki, a tsakiya, daidai saman tushen harshe. Yawancinmu sai dai gurbi, wasu ɗan guntu kamar ƙwayar dawa. Mutum ɗaya aka samu da nasa cikakke, ɗan ƙanwata da ke karatun aikin jinya, wanda aka haifa a asibiti uwarsa ta ɓoye shi. Mutane suka yi layi suna kallon maƙogwaronsa kamar an kawo kura kasuwa.

Malamin makarantar da ke koyar da Hausa a sakandare ya ce abin da ke ba shi dariya kullum shi ne darasin gaɓoɓin furuci. Zai zana baki a allo, ya jera sunaye tun daga waje har ciki: leɓe, haƙori, hanƙa, ganɗa, hanɗa, sannan beli. Yara su haddace, su zana a jarrabawa su ci maki, alhali rabinsu ba su da abin da suka zana. Ya ce kalmar ma tana neman ɓacewa a bakin yaran yanzu. In ka ce beli, kotu suke tunawa da ofishin 'yan sanda. A rubuce kalma ɗaya ce, a baki ne lafazi ke raba na alƙali da na wanzami. Wasu kuma belu suke cewa. Tsofaffin mata kuwa, su da suka fi kowa riƙo da abin, hakin wuya suka fi sani.

A nan mai shayi ya ajiye ludayinsa. Shi mutumin Maraɗi ne, kuma ba ya yarda a yi maganar Hausa a gabansa bai sa baki ba. Ya ce, "Ku Kanawa kuna faɗin hakin wuya, kun san me kuke faɗi? A wajenmu haki shi ne abin da kuke kira ciyawa. Yaro zai tafi daji ya yanko wa akuya haki. Ku kun bar kalmar a karin magana kawai, hakin da ka raina shi ke tsone maka ido. To hakin wuya, ciyawar wuya ke nan."

Wurin ya yi tsit na ɗan lokaci. Kalma ce da muke furtawa tun muna yara, amma ba wanda ya taɓa buɗe cikinta. Wani tsoho da ke noma a bayan gari ya gyara zama ya ce, "To ai magana ta ƙare. Me manomi ke yi da haki in ya gan shi a gona? Nomewa yake yi, tun yana ƙarami, kafin ya yi saiwa. Baba Wanzam noman fari yake mana ba mu sani ba."

Aka ce Baba ya fito da kayan aiki a gani. Ya yi ta noƙewa, daga baya ya kwance wani ƙyalle. Ga ɗan itace mai faɗi na danne harshe, ga kuma 'yar aska siririya mai lanƙwasasshen baki. Mahauci ya ɗaga ta sama ya juya ta a hasken yamma, ya ce, "Jama'a, wannan in ba lauje ba mene ne?" Wallahi lauje ce sak, sai dai ƙarama. Mun sa wa abu suna ciyawa, mun ƙera masa lauje, sannan muna mamakin yadda aka yi muke yanke shi.

Ni tun daga ranar nake ta lura da bakinmu. Mu mutane ne da ba mu raba jiki da gona ba. Gero in ya kusa fitar da kai sai mu ce ya yi ciki. Masara ta yi goyo, ta kuma fitar da gemu. Rake yana da ido, yana da gaɓa, kamar yadda yatsa ke da gaɓa. Bishiya tana da jijiya a ƙasa, mu muna da ita a wuya, har mukan tayar da ita in gardama ta yi zafi. Abin da itace ya haifa 'ya'yansa ne. In ka juyo ta ɗaya gefen kuma, haƙorin yaro tsirowa yake yi, gashi ma haka, ido yana da ƙwaya, mutumin kirki kuwa mu ce irin arziki ne. Wanda ya ɗauki jikinsa gona, dole wata rana ya ga abin nomewa a ciki.

Ɗan ƙanwata, mai cikakken beli, ya ce ba mu kaɗai muka je gona neman suna ba. Likitoci uvula suke kiransa, kalmar Latin ce, ma'anarta ɗan ƙaramin inabi. Mai shayi ya ce a asibitin Nijar luette suke cewa, malamin makaranta ya ce ita ma daga wannan inabin ta fito. Tsohon manomi ya girgiza kai ya ce, "Ka ji bambanci. Su sun leƙa sun ga ɗan itace, mu mun leƙa mun ga ciyawa."

Liman na zaune gefe yana jan carbi, sai a nan ya yi gyaran murya. Ya ce kada mu yi saurin wanke Turawa da Larabawa, inabi ma ai tsinke shi ake yi. Akwai wani babban likita a Andalus, Az-Zahrawi, wanda ya rayu shekara 1000 da suka wuce, ya rubuta littafin At-Tasrif. A ciki ya yi babi guda kan yanke beli, kuma shi ma inaba ya kira wanda ya kumbura. Sai dai shi maras lafiya yake yi wa, bayan ya duba launin abin da siffarsa, ya kuma yi gargaɗin kada a yanke fiye da abin da ya ƙaru, don kada a ɓata wa mutum murya. Mu kuwa lafiyayyen jariri muke kamawa.

"Allah gafarta Malam," in ji Baba Wanzam, "amma ai a ranar suna muke yi."

Liman ya ce, "Ranar kuka ara. Abin da aka sani na ranar bakwai shi ne a raɗa suna, a yi yanka, a aske kai, a yi sadaka. Cire beli ba ya ciki. Al'ada ce ta raɓu da sunna, ta daɗe a gindinta har aka ɗauka 'yar gida ce." Ya ƙara da cewa masu tajwidi sun san wurin sarai. Lahat suke kiransa, kuma ƙaf da kaf ana ce musu lahawiyya saboda a kusa da shi suke fita.

Mahauci ya tafa hannu. "Shi ya sa! Shi ya sa ƙaf ɗin Larabawa ke ba mu wuya, Baba ya yanke mana wurin!" Malamin makaranta ya ce a'a, kada a ɗora wa Baba laifin da ba nasa ba. Hausa ce ba ta da wannan sautin tun asali, sai ta sa nata ƙ a gurbinsa, muka sami alƙali da alƙalami da Alƙur'ani. Baba ya ce to madalla, yau dai an wanke shi a abu ɗaya.

Sai ya daina raha, ya yi maganar da ta sa kowa ya nutsu. Ya ce ba shi ke bin gidaje yana roƙo ba. Uwa ce za ta zo da tsakar dare da yaro a kafaɗa, yana amai, ya ƙi nono, jiki zafi rau. Kakarsa ta ce haki ne ya sauko, in ba a cire ba zai kumbura ya toshe wuya, ko ya fashe cikin barci. Asibiti da nisa, aljihu babu nauyi. "In ce mata me? Ta koma gida ta zuba masa ido?"

Ɗan ƙanwata ya rusuna, ya ce, "Baba, tsoron gaskiya ne, wurin da ake nuna wa yatsa ne ba daidai ba." Ya ce amai da gudawa da ƙin nono daga ciki suke ko daga zazzaɓi, kuma yaron da ke zubar da ruwan jiki ruwan gishiri da sukari yake buƙata da ganin likita. In aka ƙara masa rauni a maƙogwaro, nonon da yake ɗan kamawa ma sai ya saki. Ya ɗauki ledar fiya-wata daga kan tebur ya ɗaga. Jinin jikin jariri mai kilo 3 gaba ɗaya, in ji shi, bai fi rabin wannan ledar ba. Abin da babba zai tofar ya ci gaba da harkarsa, shi ne ke kai jariri ga halaka. Ga ciwon sarƙe-haƙora da ƙarfe maras tsabta ke kawowa, ga ciwon hanta da ƙanjamau in aska ɗaya ta zaga bakuna, ga guntun da aka yanke yakan zame ya faɗa hanyar numfashi.

Ya ce an taɓa bincike a Yamai, aka buga a 1994. An samu kusan yaro 1 cikin 5 an cire masa beli kafin ya cika shekara 5, kuma cikin waɗanda aka cire wa, kashi 66 cikin 100 Hausawa ne, alhali Zabarmawa suka fi yawa a garin. Mai shayi ya ce, "Ka ga, ko a garin mutane ba mu bar fartanyarmu a gida ba."

Tsohon manomi ya tambaya, to wai shi wannan haki yana da wani amfani ne? Ɗan ƙanwata ya ce a duk lokacin da ka haɗiyi abu, shi da hanɗa ne ke ɗagawa su rufe ƙofar da ta bi zuwa hanci, don kada koko ya ɓullo ta can. Yana kuma fitar da yawu mai ruwa-ruwa da ke jiƙa maƙogwaro. Ya yarda mutum na rayuwa ba shi, ga mu nan shaida. Ya kuma yarda likitoci kan cire shi wani lokaci, ga babban da minshari ke ɗauke wa numfashi cikin barci. Baba ya yi wuf ya ce, "Kun ji ko! Su ma suna yi!" Liman ya ce, "Suna yi bayan sun duba. Kai kana yi kafin a yi ciwon."

Mahauci ne ya kawo abin da ba wanda ya zata. Ya ce shi ya fasa kan rago da na akuya da na sa ba adadi, tun yana yaron mahauta yana wanke kayan ciki, bai taɓa ganin wannan ɗan reto a bakin dabba ba. Harshe akwai, ganɗa akwai, beli babu. Ɗan ƙanwata ya ce haka ne, kusan ɗan Adam kaɗai aka yi wa shi. Mahauci ya kalli Baba ya ce, "To ka ji. Abu ɗaya da ya raba bakinmu da na tunkiya, shi ka bi mu gida-gida ka kwashe." Dariya ta hana mai shayi zuba madara, har kiran magariba ya tashe mu.

Ranar suna na je. Bayan an shafa fatiha an raba goro da dabino, Baba Wanzam ya zauna a tabarma a zaure, aka miƙo masa jariri cikin zane. Ya jiƙa kan da ruwa, ya bi shi da aska a hankali har ya yi sumul, hannun nan ko rawa ba ya yi. Yaron ya callara kuka, baki wangame, ɗan belinsa na karkarwa a ciki jajir. Baba ya tsaya ya dube shi, na ga idonsa ya kai kan zabira ya dawo. Sannan ya miƙa shi ga uban ya ce, "Karɓi abinka, mun ba da belinsa."

Kakar tana bayan ƙofa tana ji. Ta ce ita dai ba ruwanta, in ya fara tari kada wanda ya tashe ta. An ce tun daga ranar ba ta sauke shi daga bayanta ba, kuma kullum da safe sai ta kai shi hasken rana ta leƙa bakinsa.

Da aka gama fiɗa, mahauci ya ware kan ragon ya ba yaro ya kai gidan Baba Wanzam, da saƙo: a duba, in an ga haki a nome.