Ni da Falwayar Gonar Gado

Ranar da na tarar da falwaya tsaye a gonata, ko kaɗan raina bai ɓaci ba. Gonar tana kusa da gindin Dutsen Kwatarkwashi, ta gado ce, kuma tun da ta zo hannuna ba ta taɓa wuce dami ashirin na dawa ba. Sai ga turken kankare ya tsiro mata ta gabas. Na ɗaga kai ina kallon waya, zuciya tana lissafin diyya. Kafin in iso gida na sayi babur, na sauya kwanon ɗaki, har na hango amarya, duk a zuci.

A majalisa aka ƙara yi mini famfo. Wani da ko ƙofar kotu bai taɓa leƙawa ba ya rantse cewa maganar miliyoyi ce. Washegari na sha babbar riga, na hau mota sai Gusau wajen lauya.

Barista ya zaunar da ni ya yi mini karatu. Ya ce tun Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, ƙasar jiha amana ce a hannun gwamna, kuma idan aikin jama'a ya bi ta kanta, abin da ke bisa ake biya: gini, shuka, itatuwa masu amfani. Ya ce ƙaramin layi irin wannan ana bar masa fili mita 11, biyar da rabi kowane gefe, babban layin da ke kawo wuta Gusau daga Funtuwa kuwa mita 30 ne. Duk wannan dogon bayani, kalma ɗaya ce ta zauna mini: itatuwa.

A daren nan na yi abin da ban shawarci kowa ba. Na sayo dashen mangwaro arba'in, na jera su ƙarƙashin waya, ana tsakiyar rani. Kullum da asuba ina jigilar jarka kamar ɗan garuwa. Uwargida ta ce, "Malam, wai lambu ka buɗe ne a fako?" Na ce mata ita ba ta san shari'a ba. Awaki kuwa sun sani, don su suka fara karɓar diyyar. Da na kai wa Barista albishir sai ya dafe kai, ya ce abin da ke wurin lokacin da aka kafa turke shi ake ƙirgawa, kuma ba a yarda da dasa itace ƙarƙashin waya ba ma.

Ban daddara ba. Na sayar da ragon da na turke don layya, na ɗauko safiyo, domin a shiga kotu da takarda. Ranar awo aka taru, da mai unguwa, da dattawan da suka san iyakar tun zamanin mahaifina, da maƙwabcina, wani tsoho da ba ya son hayaniya. Dattawa suka nuna tsohon kututturen gawo suka ce nan ce iyaka. Safiyo ya ja awo, ya sake ja, sannan ya dube ni da tausayi.

Falwayar ba a gonata take ba. Tana cikin ta maƙwabci da kunya uku, kuma shekara tara ina nome masa su.

Mai unguwa ya ce, "Baba, kana gani ba ka taɓa magana ba?" Tsohon ya ce, "Ubansa abokina ne, kunya nake ji." Kunya uku na ci masa, ta huɗu ta rufe ni a gaban jama'a.

Barista ya riƙe kuɗin buɗe fayil, safiyo ya tafi da ragona. Mangwaro biyu da suka tsira tsohon ya ciro su ya mayar bakin rijiyarsa, an ce har sun fara fure. Bana dami goma sha bakwai na ɗaure.