Mutanen da Za Ka Haɗu da Su a Hanyar Jifan Shaiɗan

Tambayi duk alhajin da ya dawo daga Mina yadda jifa ya kasance, amsar ɗaya ce: "Wallahi mutane sun yi yawa." Ba ka taɓa jin wanda ya ce "mun yi yawa" ba. A ganin kowa shi kaɗai ya je ibada, sauran kusan miliyan biyun cunkoso suka je yi. Alhali taron ba kowa ba ne face ni da kai da surukinka, kowa da ɗan halinsa da ya taho da shi daga gida.

Akwai mai tsohon fushi. Tun a wurin bita malamai suka gaya masa: tsakuwa bakwai, ƙanana, kabbara a kan kowace. Ya ce to. Amma da ya hango Jamra sai komai ya dawo masa sabo, kasuwar da ta karye, matar da ta yi yaji ba ta dawo ba, gonar da 'yan uba suka cinye. "Kai ne ko? Yau ga ni ga ka!" Tsakuwa ta ƙare, ya cire silifas, ya bi da lema, ya ƙara da gorar ruwa. Rabin kayan yaƙin a ƙeyar wani bawan Allah ɗan Indunusiya suka sauka. Da can wuraren jifan ginshiƙai ne sirara, kowa na kutsawa ya samu saiti. Bayan turmutsutsun 2004 da ya ci rai kusan 250 aka mai da su dogayen bango, tsawon kowane mita 26, don ko mai hannun da bai taɓa samun kadangare ba ya jefa daga inda yake ya wuce.

Ƙaninsa shi ne mai ceton takalmi, kuma ya fi shi haɗari nesa ba kusa ba. An taka masa silifas ɗin roba ya fita, sai ya tsaya cak, ya sunkuya yana lalube tsakanin ƙafafun jama'a. Bai san cewa idan mutum shida ko bakwai suka matsu a murabba'in mita ɗaya, babu sauran mai tafiya da ƙafarsa ba. Taron ne ke ɗaukar kowa. Wanda ya sunkuya ya buɗe rami, na bayansa ya faɗa, na bayan wancan ya biyo. Kuma yawancin waɗanda ke rasuwa a irin wannan hali ba takawa ce ke kashe su ba, ƙirji ne ke matsewa har numfashi ya gagara, wasu ma a tsaye. Shi ya sa masana ke cewa ka ɗaga hannuwanka gaban ƙirji kamar ɗan dambe, ka bi inda taron ya nufa, kana zamewa gefe sannu a hankali. Takalmi kuwa ka bar wa Mina sadaka.

Sai 'yan sarƙa. Mutum goma sha biyu daga ƙauye ɗaya, an yi musu huɗuba tun a sansanin alhazai cewa kada wanda ya saki wani. Na gaba ya ɗaga sanda da tsumma a kai, na biye ya riƙe masa ɗamara, Hajiya ta ƙulle gyalenta da na kishiyarta, karo na farko da suka yarda da juna a shekara ashirin. Niyyar mai kyau ce. Matsalar, sarƙa ba ta lanƙwasa wa kowa: idan ta ratsa hanya a karkace, duk wanda ya ci karo da ita sai ya tsaya. Mu ma ba mu kaɗai ba ne, wasu ƙasashen tasu sarƙar ta fi tamu tsawo da ƙarfin kafaɗa.

Mai zawali ba wasa yake ba, malami ne ko almajirin malami. An raba wa kowane tanti jadawalin lokacin fita, jami'an hukumar alhazai sun bi suna roƙo, ya ce shi ba jadawalin Balarabe ya zo bi ba, rana na karkatawa zai yi jifa. Ba shi kaɗai ya yi wannan karatun ba, dubun dubata ne. Ranar 12 ga Zulhijja kuwa sai ya haɗu da mai kaya, wanda ya ƙudurta barin Mina kafin faɗuwar rana, saboda haka ya taho jifa da jaka a ka, tabarma a hammata, buta a hannu. Haɗuwar waɗannan biyun ba abin dariya ba ce. A Janairun 2006, jim kaɗan bayan zawali, a mashigar gabas ta gadar Jamra, mutane suka yi ta tuntuɓe da kayan da suka zube, fiye da 340 suka rasu. Wani masani Bajamushe, Dirk Helbing, da abokan aikinsa sun zauna da bidiyon ranar, suka ga taron ya fara da tafiya a tsaya, tafiya a tsaya, daga baya matsi ya riƙa wurga mutane nan da can ba da son ransu ba. Ba hauka kowa ya yi ba. Wurin ne ya cika.

Mai juyowa ya gama jifa lafiya, sai ya tuna bai ga Hajiya ba. Hanyar fita na gabansa, amma shi ta inda ya shigo ya san gari, don haka ya juya yana "Tariƙ! Tariƙ!", Larabcin da ya samu a tafiyar ke nan. Askar, wato jami'in tsaron wurin, ya tare shi, ya dawo tanti yana cewa Larabawa ba su da mutunci. A nan ni ina bayan askar. Abin da ya faru a Mina ranar 24 ga Satumban 2015 haɗuwar ayari biyu ce a mahaɗar titi na 204 da na 223. Saudiyya ta ce mutum 769 ne suka rasu, lissafin ƙasashen da suka rasa 'yan ƙasarsu ya haura 2,000, cikinsu har da 'yar jarida Hajiya Bilkisu Yusuf.

Mai waya sabon shiga ne. Ya ba Jamra baya, ya ɗaga hannu sama: "Kuna gani na? Ku kira Inna! Ga shi nan a bayana!" Mutum ɗari na jira Inna ta idar da alwala.

Wanda ya fi ba ni tsoro shi ne mutumin kirki na can baya. Iska na kaɗa shi, ga sarari, bai ga dalilin tsayuwa ba, sai ya ɗan dafa bayan na gabansa: "A matsa mana, bayin Allah." Dafawar nan, idan ta bi ta jikin mutum dubu, a gaba ta zama abin da ke lanƙwasa ƙarfe, kuma ihun na gaba ba ya isowa gare shi. Hukumomin Saudiyya sun gane wa'azi ba zai sauya waɗannan mutane ba, sai suka rushe tsohuwar gadar bayan 2006, suka gina mai hawa-hawa, mashiga daban mafita daban, kowa fuska ɗaya, aka hana shiga da manyan kaya, aka sa kyamarori suna ƙidaya don a tsayar da ayari tun daga nesa.

Akwai kuma wani da ba a cika ba da labarinsa ba. Ya zauna a tanti har lokacin da aka rubuta musu, ya sha ruwa, ya karɓi wakilcin tsofaffi biyu, ya hau bene na sama, ya jefa, ya sauko da takalmansa duka biyu. Da ya dawo gida 'yan barka suka cika zaure suna jiran labarin yadda ya sha da ƙyar. Ya ce lafiya lau aka yi. Suka karɓi dabino da zamzam, suka fita suna tambayar juna a hankali ko Alhaji ya kai Mina kuwa.