Mai Kiɗan Manjo

Lokacin zaɓe ya matso, masu studiyo a unguwarmu ba sa barci. Ni kuwa wani labari ne na ƙasar Chekoslobakiya ya faɗo mini a rai, ba don komai ba.

Zidenek Lishka sunansa. An haife shi a 1922 a garin Simechno, ya yi karatun kiɗa a birnin Prag, ya fara sana'a a garin Zilin yana yi wa finafinan talla da na 'yar tsana kiɗa. Allah ya yi masa baiwa. Ba ya tsayawa a kan kiɗa kaɗai: yakan zauna a teburin tace fim, ya nuna wa darakta inda za a datse, darakta ya bi. Fim ɗin da ya yi wa kiɗa a 1965, labarin shagon wata tsohuwa Bayahudiya, shi ya ciwo wa ƙasar Oska. A 1969 ya yi wa fim ɗin Yuraj Herz kiɗa, labarin wani ma'aikacin gidan ƙona gawa da ya kashe matarsa da ɗansa don ya samu shiga wajen 'yan Nazi. Lishka ya ɗora wa wannan ta'asa muryar mace mai daɗi kamar ana lallashin jariri, tsigar jikin mai kallo ta tashi. Ke nan mutumin ya san yadda kiɗa mai zaƙi yake lulluɓe mugun abu. Ku riƙe wannan.

Tankokin Tarayyar Sobiyat sun riga sun shigo Prag a watan Agustan 1968. Aka fara tankaɗe da rairaya. Aka kulle fim ɗin Herz, Yan Kadar, daraktan fim ɗin da ya ci Oska, ya yi hijira zuwa Amurka, Yan Shibankmayer da Lishka ya daɗe yana yi wa kiɗa aka hana shi yin fim shekara da shekaru. Shi Lishka aiki bai yanke masa ba.

Sai gwamnati ta so a wanke 'yan sandanta. Aka shirya wasan talabijin mai kashi 30 a kan wani jarumi Manjo Zeman, da hannun ma'aikatar harkokin cikin gida. Wa zai yi taken? Gwani mana. Ya kuwa yi shi da kyau, don bai iya aikin banza ba. A cikin wasan har da kashin da aka nuna matasan makaɗa, irin waɗanda aka gurfanar a kotu a 1976, a matsayin 'yan ƙwaya masu fashin jirgin sama. 'Yan'uwansa ne a sana'a.

Na san abin da za a ce: yana da iyali, kuma makaɗi ba alƙali ba ne. Haka ne. Cin abinci dole ne.

Lishka ya rasu a 1983. Shekara shida bayan haka gwamnatin ta ruguje, waɗanda suka ba da kwangilar suka watse, yau da wuya a tuna sunan ɗayansu. Da gidan talabijin ya sake nuna wasan a 1999, ƙasa ta ɗauki hayaniya, musamman daga waɗanda suka sha ɗauri. Rubutun sunaye na tafiya a allo, nasa na nan inda ya bar shi.

Jiya da dare na ji yaron maƙwabcinmu yana gwada sabon amshi. Muryarsa da daɗi, tubarkalla.