Kan Jika da Gemun Kaka

Tun da ɗan ƙwallo Victor Osimhen ya rina gashinsa ruwan zinare, wasu samarin Dogon Daji suka ce su ma ba za a bar su a baya ba. Sai a tafi shagon aski, a lafta sinadarin kore launi, a zauna jiran zinare. Ana wankewa sai ga kai ya fito ruwan lemo.

Laifin ba na mai aski kaɗai ba ne. Baƙin gashi yana da ja ɓoye a cikinsa. Sinadarin kan cinye baƙin da wuri, jan kuwa ya yi taurin kai. Maganinsa shamfu mai launi: shuɗi yana kashe ruwan lemo, shunayya tana kashe rawaya. A bar shi 'yan mintoci, sau ɗaya ko biyu a mako. Mai zarin shafawa ya kwana da shuɗin farce. Dabarar bular da iyayenmu mata ke sa wa farar riga ce, sai dai wannan bular ta shiga kwalba ta yi tsada.

Wani daga cikin samarin ya shigo gida, kakansa na zaune da gemu ja wur, ya sha lalle.

"Kai ja'iri, mi na na bisa kanka?"

"Kaka, ai launinmu ɗaya."

"Nawa da niyya na yi shi, naka tsautsayi ne."

Wanda aljihunsa bai kai kuɗin shamfu ba, ya koma wurin wanzami a yi masa ƙwal-kwabo.