Allah Ya Ja Zamanin Masu Girmama Littafi

Na koyar da yara shekaru masu yawa a Boɗinga, ina tsammanin na san darajar littafi, ashe ban san komai ba sai ranar da aka gayyace ni bikin ƙaddamar da wani a Sakkwato. Littafi ne a kan zaman lafiya da sasanta rikici, da Turanci, bango na sheƙi, ga farar tattabara ta ɗauko ganye a baki. An ce ƙarfe goma, manya suka iso ƙarfe ɗaya, jiniya na kuka, 'yan rakiya na ture mutane, domin zaman lafiya ba ya shiga zaure sai an buɗe masa hanya da gindin bindiga.

Mai sharhin littafin ya yi jawabi mai daɗi. Ya yabi iyayen marubucin, ya yabi takardar da aka buga shi da ita, ya ce kaurinsa kaɗai ya isa shaida. Ina kusa da shi, na ga kwafin da ke hannunsa yana cikin ledarsa, ko ɓalle ta ba a yi ba. Nan na fara jin kunyar kaina. Ni da nake lanƙwasa kunnen shafi, in ja layi da jan biro, in bar tabon goro a gefe, ina zan haɗa kaina da mai tsare mutuncin littafi haka? Babban mai ƙaddamarwa ya tashi ya sayi kwafi ɗaya a kan miliyoyi, maroƙi ya ɗaga murya, aka yi tafi. Ya miƙa wa yaronsa, yaron ya miƙa wa direba, direba ya kai but. Ko ƙura ba ta taɓa shi ba, balle ido.

Wannan ita ce tarbiyyar da manyanmu suka gano, kuma wajibi ne a yaba musu. Abin da ka girmama ba ka buɗe shi. Wa ya taɓa kwance rawanin sarki don ya ga abin da ke ciki? Na je gaisuwa gidan wani babba a nan yankinmu, aka shigar da ni falo, ga kabad na gilashi daga ƙasa har rufi, littattafan yaƙi da sulhu da hulɗar ƙasashe sun yi sahu kamar dogarai, an jera su bisa launi. Na roƙi a ara mini ɗaya. Ya yi murmushi ya ce, "Malam, ai makullin wanga kabad ya ɓace tun zaɓen da ya wuce." Na ce, "Ranka shi daɗe, Allah shi ƙara tsarewa." Ilimi a kulle, ba mai sata, ba mai ɓatawa, har mai gidan bai isa ya taɓa ba. Ina amanar da ta fi wannan?

Mutanen da, Allah Ya jiƙan su, ba su samu wannan wayewar ba. Su wahalar da kansu suka yi ta yi. A nan Sifawa, inda Shehu Usmanu ya zauna kafin ya koma Sakkwato a 1815, da nan Boɗinga inda ƙanensa Malam Abdullahi ya kafa gida, mutane ne da suka fito daga yaƙi, ƙurar Tabkin Kwatto da Alwasa da Alƙalawa ba ta gama fita daga rigunansu ba, maimakon su huta su ci ganima sai suka zauna da tawada da alƙalamin kara suna rubuta yadda ake yaƙi da yadda ake daina shi. Ba bango mai sheƙi, ba uban taro, ba mai ƙaddamarwa. Warƙoƙi ne a gafaka, ɗalibi ya kwafa da hannu, wani ya karanta, wani ya yi gardama. Dubi ɓarna! Littafi ya sha hannu har gefensa ya yi baƙi.

Shehu ya rubuta Bayanu Wujubil Hijra a 1806, ana tsakiyar yaƙi, ya ware babi a kan ba da amana ga abokin gaba, da babi a kan tsagaita wuta, da yadda ake raba ganima. Ya ɗauka sulhu abu ne mai sharuɗɗa da sai an sani. Mu kuwa Allah Ya hutar da mu. Sulhun da aka ƙulla da 'yan bindiga a Zamfara da Katsina a 2019 bai ɓata lokaci wajen duba wani babi ba. An tsaya, an ɗauki hoto, wani na rataye da bindigarsa, aka watse. Da ya warware ma ba a sha wahala ba, don ba wanda ya ɗora masa nauyin da zai karye.

Malam Abdullahi ya fi kowa rashin iya zama da manya. Ana cin nasara, shi kuwa ya dubi mutanensa ya ga wasu sun fara son dawaki da riguna da manyan gidaje fiye da abin da ya fito da su, ransa ya ɓaci, ya kama hanyar gabas da niyyar ba zai dawo ba. Kanawa suka tsayar da shi, ya rubuta musu Liya'ul Hukkami a kan yadda ake mulki da shari'a, sannan ya juyo. A 1813 ya tattara waƙoƙinsa da labarin yaƙe-yaƙen a Tazyinul Waraƙati, kuma bai ɓoye wannan ɓacin ran ba. Ya faɗi ranar da aka ci, ya faɗi ranar da aka sha kashi. Mutum ya rubuta laifin ɓangarensa da hannunsa! Da a yau ne, wa zai zo masa ƙaddamarwa? Marubutanmu na yanzu sun fi shi ladabi. Za ka karanta littafin zaman lafiya daga farko har ƙarshe, in ka yi rashin kunyar karantawa ke nan, ba ka ga sunan wanda ya yi laifi ba. Rikici yakan "ɓarke" ne kamar ruwan sama, rayuka su "salwanta" da kansu, sai a yi kira ga masu ruwa da tsaki. Ba a ɓata wa kowa ba, musamman wanda ya biya kuɗin ɗab'i.

Na Muhammadu Bello ma ya fi ban mamaki. Shehun Barno Muhammadul Amin Alkanemi ya aiko da wasiƙa mai zafi yana tambaya da wace hujja ake yaƙar mutanen da ke salla da azumi. Maimakon Bello ya yaga ta, sai ya kwafe ta cikin littafinsa Infaƙul Maisuri na 1812, ya ajiye hujjar abokin hamayya inda jikoki za su gani, sannan ya ba da amsa. Da Baturen Ingila Kilafaton ya iso Sakkwato a 1824, ya tarar da Bello yana sarauta, yana yi masa tambaya a kan yadda Ingilishi suka ci Indiya, har ya koma gida da wani yanki na littafin, aka fassara a Landan. Turawa, da yake ba su da kunya, sun yi ta karanta shi tun daga lokacin. Mu masu shi mun fi ƙarfin haka. Mukan ambaci sunansa a jawabi, mu ɗan dakata a yi kabbara, mu wuce.

In ka bi titin nan da ya ratsa Boɗinga ya nufi Tambuwal, za ka iske Shagari, garin da ya ba Nijeriya shugaban ƙasa daga 1979 zuwa ƙarshen 1983. Alhaji Shehu Shagari malamin makaranta ne, kuma ciwon malanta bai sake shi ba. Ya yi Waƙar Nijeriya don yara su san ƙasarsu, shi da Jean Boyd suka fitar da littafi a kan shugabancin Shehu Usmanu a 1978, ya kuma rubuta tarihin rayuwarsa, Beckoned to Serve, a 2001. A watan Mayun 1981 jandarmomin Kamaru suka kashe sojojin Nijeriya biyar a kan iyaka ta wajen teku. Ƙasa ta ɗauki zafi, jaridu na kiran a shiga yaƙi. Ya ƙi. Ya ƙaurace wa taron shugabannin Afirka a Nairobi, ya matsa har gwamnatin Ahidjo ta ba da haƙuri ta biya diyya, ba a ƙara rasa rai ba. Tun da aka rufe shi a garin Shagari a ƙarshen Disambar 2018, manya ba su fasa zuwa ziyara ba, kuma ina da yaƙinin littafin nasa na cikin kabad ɗinsu, lafiya lau, ba abin da ya same shi. Babi ɗaya na zamaninsa suka haddace ba tare da karatu ba, wato korar baƙi ta 1983, wadda ta bar mana jakar Gana-mas-go. Wannan kam sun san amfaninta, sun san nawa take ci in an danna da kyau.

An ga albarkar wannan tsari a 2023. Sojoji suka kifar da Shugaban Nijar Bazoum a Yamai ran 26 ga Yuli, kafin ka ce kwabo an ba da wa'adin kwana bakwai, an yanke wuta, an rufe iyaka, ana zancen tura dakaru. Manyan motoci suka yi layi a Illela, kaya na ruɓewa, mai 'ya a Ƙonni ya rasa hanyar zuwa suna. Da masu shawarar sun yi gangancin buɗe ko da ɗan littafin tarihi na firamare, da sun ci karo da labari mai rikitarwa, cewa Shehun da suke rantsuwa da sunansa a Maratta aka haife shi, cikin ƙasar Nijar ta yau, kuma babban malaminsa Jibrilu ɗan Umaru ta Agadas aka san shi. Irin wannan sani yana sanyaya gwiwa, ya hana mutum buga tebur. Allah Ya kiyashe su. Daga baya dai aka nemi Janar Abdussalami da Sarkin Musulmi Sa'ad su je su yi magana, abin da tsoffin warƙoƙin nan za su ce a fara da shi. Amma fara abu daga farko aikin marasa jiniya ne.

Kada a ce ban ga amfanin littafin da aka ƙaddamar ba. An ba mu kyauta mu 'yan kujerun baya, kowa kwafi ɗaya da robar lemo, sauran katan-katan kuma ban san inda suka nufa ba sai bayan 'yan watanni. Na sauka a bakin titi a Shagari ina jiran mota, na tsaya wurin wata mai ƙosai. Baƙuwa ce a garin. 'Yan bindiga sun tashi ƙauyensu da dare, sun kore shanu, ita da 'ya'yanta suna kwana a gidan wani ɗan'uwa. Ta sa hannu ƙarƙashin tire ta jawo littafi, sai ga farar tattabarar nan, mai ya ɓata mata fiffike. Ba ladabi, ba tsoro, ta yage shafi ta ƙunsa mini ƙosai na ɗari biyu. Duk faɗin jihar nan, ita ce mutum ta farko da na gani ta buɗe shi.

Na cinye, na shimfiɗa takardar a gwiwa na karanta. Shafi ne daga babin shawarwari, yana kira da a kafa kwamiti. Na ce, "Inna, kin san abin da ke cikin wanga littafi?"

Ta ce, "Ni ina ni ina boko, Malam? Amma takarda ta ƙwarai ta, ba ta yoyon mai." Ta juya ƙosai a kasko, ta ɗago kai. "In sunka yi wani, don Allah ka samo man."